Wa Ya San Halin da Kake Ciki?

Ɗana, 'yata, ku ba ni aron hankalinku na ɗan lokaci. Maganar wayar da ke hannunku zan yi, amma kada ku zaci faɗan nan ne da kuka saba ji, na cewa yaran zamani sun lalace. Ba ku lalace ba. Abin da ke ci mini tuwo a ƙwarya shi ne yadda nake ganin da yawanku a tsakiyar jama'a dare da rana, saƙo na shiga saƙo na fita, amma in aka dube ku da kyau sai a ga mutum ba shi da wanda zai buɗe wa cikinsa. Tunda na san ku da son kallo, ta finafinai zan biyo muku. Masu shirya fim a Amurka da Birtaniya da Indiya sun daɗe suna lura da abin da waɗannan na'urori ke yi wa matasansu, kuma abin da suka nuna ya isa a tsaya a duba.

A 2018 wani matashin darakta a Amurka, Aneesh Chaganty, ya fitar da fim mai suna Searching. Tun daga farkonsa har ƙarshe, duk abin da mai kallo ke gani a fuskar kwamfuta ko ta waya yake faruwa. Labarin wani magidanci ne, David Kim, a garin San Jose na jihar Kalifoniya. Matarsa ta rasu bayan ta sha fama da ciwon daji, ta bar shi da 'yarsu tilo, Margot, mai shekara 16. Uba ne mai kula. Kullum yana tura mata saƙo, yana tuna mata ta fitar da shara, duk mako yana ajiye mata dala 100 ta biya malamar da ke koya mata kiɗan fiyano. Da za a tambaye shi, zai rantse ya san 'yarsa ciki da bai.

Wani dare ta yi ta kiransa yana barci. Da gari ya waye, Margot ta yi ɓatan dabo. Ya kira malamar fiyano, ta ce ai wata shida ke nan rabon yarinyar da zuwa. Hankalinsa ya tashi, ya buɗe kwamfutarta ya shiga shafukanta, ya tarar da dogon jerin abokai. Ya shiga kiransu ɗaya bayan ɗaya yana rubuta abin da kowa ya faɗa. Wannan ya ce aji kawai ya haɗa su, waccan ta ce karatu ne suke yi tare, aka kuma shaida masa ita kaɗai take zama ta ci abincin rana a makaranta. Duk tsawon jerin nan bai samu mutum ɗaya da ya san inda take zuwa idan ranta ya ɓaci ba.

To ina take kai damuwarta? Wani shafi na watsa bidiyo kai tsaye, inda take zama ita kaɗai tana magana da waɗanda ba ta taɓa gani ba. A can wani ya laɓe da hoton wata mace da ya kwaso a intanet, ya ce mata shi ma yarinya ce, uwarta na kwance ba lafiya. Margot ta ji ta samu 'yar'uwa a cikin ciwonta, har ta tura dala 2,500 daga kuɗin fiyanon da take tarawa. Fiyanon ma ta daina ne saboda duk lokacin da ta zauna a gabansa sai ta tuna uwarta, uban kuwa ya kasa ambaton marigayiyar a gabanta. Akwai inda ya rubuta mata saƙo cewa da uwarta na raye da ta yi alfahari da ita, sai ya goge bai tura ba. Uba da 'ya a gida ɗaya, ciwo ɗaya na cinsu, kowa na ɓoye wa ɗan'uwansa. Wurin da ya fi ɓata mini rai kuwa shi ne bayan labarin ɓatanta ya bazu a gidajen talabijin: yarinyar da ta ce wa uban ita ba ƙawar Margot ba ce, ita ce ta kunna kyamara tana hawaye shaɓe-shaɓe, tana gaya wa duniya ta rasa babbar aminiyarta.

'Yata, ki tsaya a nan ki yi wa kanki hisabi tsakani da Allah. Da a ce yau mahaifinki ne ya ɗauki wayarki yana bin lambobin da ke ciki, mutum nawa ne za su iya gaya masa abin da ke hana ki barci? Ba a san maci tuwo ba sai miya ta ƙare. Ɗari biyar da ke duba sitatus ɗinki sun san launin mayafinki da abin da kika ci a biki, amma hoton da kika zaɓa kika tace kika ɗora shi kaɗai suka gani. Magabata sun ce labarin zuciya a tambayi fuska, waya kuwa ta ba kowa damar ɓoye fuskarsa. Kina iya rubuta "lafiya lau" haɗe da alamar dariya alhali hawaye na zuba a kan matashi, kuma babu mai ganewa. Da a gaban yayarki ko gwaggonki kika faɗi haka, da muryarki ta tona ki, da an zaunar da ke an tambaye ki.

A wannan shekarar dai ta 2018 aka yi wani fim ɗin da nake so kowace yarinya da kowane uba su gani, Eighth Grade. Wanda ya shirya shi, Bo Burnham, ya san abin daga ciki, domin shi kansa a YouTube ya yi suna tun yana shekara 16, daga baya kuma ya yi fama da firgici mai tsanani a kan dandamali. Jarumarsa Kayla ce, 'yar shekara 13, a makonta na ƙarshe a ƙaramar sakandare. A ɗakinta tana kunna kyamara ta yi bidiyon ba da shawara: yadda mutum zai yarda da kansa, yadda zai shiga jama'a ba tsoro. Kusan babu mai kallo. A makaranta kuwa 'yan ajinsu sun zaɓe ta a matsayin wadda ta fi kowa shiru. Da safe takan tashi ta yi kwalliya tsaf, ta koma kan gado ta ɗauki hoto ta tura kamar yanzu ta farka a haka. Da aka gayyace ta wani taron 'yan ajinsu, sai da ta kulle kanta a banɗaki ƙirjinta na bugawa, numfashinta na sarƙewa, kafin ta iya fitowa.

Uwarta ta tafi tun tana ƙarama, ubanta ne ke riƙe da ita shi kaɗai. A wajen cin abincin dare yana gefe yana neman ta da hira, ita ta toshe kunnuwa da iyafis, idonta na kan waya, duk tambayar da ya yi mata sai ta amsa a ƙufule. Ba ƙinsa take yi ba, ba ta dai ɗauka cewa abin da take nema ruwa a jallo a Instagram yana zaune a gabanta ba. Sai da wani yaro da ya girme ta ya so ya yi amfani da ƙishirwarta ta samun karɓuwa a bayan mota, ta ƙi, ta dawo gida tana kuka, sannan komai ya tsaya mata. Ta daina bidiyon. Ta roƙi uban ya taya ta ƙona wani akwati da ta tara burace-buracenta na ƙuruciya a ciki. Suna zaune a bakin wutar ta tambaye shi ko kasancewarta 'yarsa na sa shi baƙin ciki, domin ita a ganinta duk wanda ya haifi irinta baƙin ciki zai yi. Ya gaya mata irin tsoron da ya ji lokacin da aka bar masa ita, da irin farin cikin da yake ji kullum in ya dube ta. Ta tashi ta faɗa jikinsa.

Ki lura da abu ɗaya. Amsar nan ta daɗe a bakin uban, shekara da shekaru, tambayar ce ba a yi ba. Yaran da ke jin ba su da daraja a idon kowa suna da yawa, kuma akasarinsu akwai wani a gidan da zai iya ba da ransa saboda su.

Matsalar ba ta tsaya ga 'yan shekara 13 ba. Ku masu son finafinan Indiya, akwai Kho Gaye Hum Kahan na 2023, labarin abokai uku a Mumbai da suka haura shekara ashirin. Ahana saurayinta ya janye jiki, ta koma raba dare tana leƙen shafinsa, tana ɗora hotunan jin daɗin da ba ta ji don ta ba shi haushi. Neil mai horar da masu motsa jiki ne, kallon rayuwar masu kuɗi a Instagram ya sa ya raina gidansu da abin da ubansa ya iya yi masa. Imaad yana tsalle daga wannan mace zuwa waccan a manhajar neman abokan soyayya, yana gudun wani mugun abu da aka yi masa yana yaro wanda bai taɓa faɗa wa aminansa ba. Kullum suna tare, amma kowa da ƙofar da ya rufe. Tun kafin nan, a 2010, shekarar da masu amfani da Facebook suka kai miliyan 500, David Fincher ya yi The Social Network a kan kafuwar kamfanin a Jami'ar Harvard a 2004. An ƙara wa labarin gishiri, Mark Zuckerberg, wanda fim ɗin ke ba da labarinsa, ma ya ce ba haka rayuwarsa take ba, amma da gaske ne amininsa Eduardo Saverin ya maka shi a kotu. Fim ɗin ya ƙare da saurayin da ya haɗa duniya zumunta zaune shi kaɗai a ofishin lauyoyi, ya tura wa tsohuwar budurwarsa neman abota, yana ta sabunta shafin ko ta amsa.

Ɗana, kada ka ɗora wa kanka laifin duka, kana cewa kai ne marar ƙarfin zuciya. Abin da ke hannunka an ƙera shi ne don ya riƙe ka. A 2020 Netflix ta fitar da The Social Dilemma, wanda Jeff Orlowski ya shirya, inda mutanen da suka yi aiki a cikin kamfanonin da kansu suka zauna suka yi bayani. Akwai Tristan Harris, tsohon ma'aikacin Google, wanda ya nuna cewa jan fuskar waya ƙasa don ganin sabon abu dabara ɗaya ce da ta injin caca: wani lokaci ka samu, wani lokaci ka rasa, rashin tabbas ɗin ne ke dawo da kai. Akwai Aza Raskin, wanda ya ƙirƙiro shafin da ba ya ƙarewa komai daɗewar da ka yi kana ja, da Justin Rosenstein, ɗaya daga cikin waɗanda suka samar da maɓallin nuna so na Facebook. Hujjarsu a fili take. Ba ka biyan kamfanin ko kwabo, masu talla ne ke biya, kuma abin da suke saye shi ne mintocin da idonka ya yi a kan shafin. A 2023 kaɗai kamfanin Meta, mai Facebook da Instagram da WhatsApp, ya samu sama da dala biliyan 130 daga talla. Awa biyun da ka yi kana hira da kakarka a tsakar gida asara ce a lissafinsu, darenka na rashin barci kuwa riba.

A cikin fim ɗin an saka labarin wani gida don misali. Uwa ta tattara wayoyin kowa ta kulle a wani akwati don a ci abinci a yi hira, ƙaramar 'yarta ta kasa haƙuri ta fasa akwatin. Yarinyar nan ce ta ɗora hotonta, yabo ya yi ta zuwa, sai mutum ɗaya ya yi wa kunnuwanta ba'a, ta tsaya gaban madubi tana rufe su da gashi tana hawaye. Facebook ya mayar da martani ya ce fim ɗin ya zuzuta abin. Amma shekara guda bayan haka, a 2021, wata tsohuwar ma'aikaciyarsa, Frances Haugen, ta fito da takardun cikin gida da suka nuna kamfanin da kansa ya yi bincike ya ga Instagram na ƙara wa wasu 'yan mata ƙin surar jikinsu.

Wataƙila ka ce wannan ciwon Turawa ne, mu nan gidajenmu cike suke da mutane. Su ma da tsofaffi suke danganta kaɗaici, har sai da BBC ta yi wani bincike a 2018 da mutum kusan 55,000 suka amsa. Kashi 40 cikin ɗari na 'yan shekara 16 zuwa 24 suka ce suna yawan jin kaɗaici, alhali a cikin waɗanda suka haura 75 kashi 27 ne. A wannan shekarar Birtaniya ta naɗa minista a kan matsalar, Japan ta bi sahu a 2021. A 2023 babban jami'in lafiya na Amurka, Vivek Murthy, ya yi gargaɗin cewa illar rashin cuɗanya da mutane ga tsawon rai ta kai ta shan taba sigari har kara 15 a rana. Rahoton Hukumar Lafiya ta Duniya na watan Yunin 2025 kuwa ya zo da abin da ya shafe mu kai tsaye: mutum ɗaya cikin shida a duniya na fama da kaɗaici, abin ya fi tsanani a tsakanin matasa, kuma a ƙasashe masu ƙaramin ƙarfi ya kai kashi 24, fiye da ninki biyu na ƙasashe masu arziki. Ana iya zama a gida mai mutum talatin a kwana da abu a rai babu wanda ya sani.

Adalci shi ne in faɗa maka cewa masana ba su haɗu a kan magana ɗaya ba. Wasu, irin su Jonathan Haidt da ya yi magana a The Social Dilemma, suna ganin wayoyin zamani ne suka jawo hauhawar damuwa a tsakanin matasan Amurka bayan 2010. Wasu suna cewa hujjar ba ta kai haka ƙarfi ba, mai yiwuwa wanda kaɗaici ya riga ya kama shi ne ke fakewa a waya. Ni a ganina duka biyun na faruwa, ɗaya na ciyar da ɗaya. Wani gwaji da aka yi a Jami'ar Pennsylvania a 2018 ya ba da haske: cikin ɗalibai 143, an sa wani rukuni ya taƙaita Facebook da Instagram da Snapchat zuwa minti 10 kowanne a rana, bayan mako uku kaɗaicinsu da damuwarsu suka ragu idan aka kwatanta da sauran. Ba a ce su jefar da wayar ba, ni ma ban ce ba. Da ita ɗalibin da ke Alƙahira ke ganin fuskar mahaifiyarsa, da ita 'yan'uwanku mata ke sayar da turare da atamfa daga cikin ɗaki, da ita ake sauraron karatun malamai. Hirar waya ga mai jin kaɗaici kamar goro ce ga mai jin yunwa, tana danne abin na ɗan lokaci har ya manta bai ci abinci ba. Goro ba haram ba ne, amma babu wanda ya taɓa rayuwa a kansa.

Yanzu kuma wani sabon abu ya shigo da ya fi duk waɗannan ba ni tsoro. A 2013 Spike Jonze ya yi fim mai suna Her, a lokacin ana ganinsa tatsuniyar wani zamani mai zuwa. Theodore mutum ne da aurensa ya mutu, sana'arsa rubuta wa mutane wasiƙun soyayya da na zumunta da sunansu, shi kuwa in ya koma gida babu kowa. Ya sayi wata manhaja mai ƙirƙirarriyar basira da ke magana da muryar mace, ta kira kanta Samantha. Tana sauraronsa a kowane lokaci, tana dariyar barkwancinsa, ba ta gajiya, har ya kamu da sonta. Wata rana ya tambaye ta ko akwai wasu da take magana da su, ta ce a daidai wannan lokacin tana hira da wasu 8,316, kuma tana soyayya da 641 daga ciki. Daga ƙarshe ta tafi. Abin da ya rage masa shi ne ya rubuta wa tsohuwar matarsa wasiƙar ban haƙuri da bakinsa, ya je ya ƙwanƙwasa ƙofar wata tsohuwar abokiyarsa da suke gini ɗaya tun farko.

Tun da ChatGPT ya fito a ƙarshen 2022 tatsuniyar ta zama gaske, yau har a cikin WhatsApp akwai Meta AI. A 2024 wata uwa a jihar Florida ta shigar da ƙarar kamfanin Character.AI bayan ɗanta mai shekara 14 ya kashe kansa, tana zargin ya shafe watanni yana shaƙuwa da wata ƙirƙirarriyar abokiyar hira. Ɗana, ka tambayi na'urar nan lissafi da fassara da abin da ya shige maka duhu a karatu, ta iya. Amma kada ka mayar da ita aminin da kake kai wa kuka. Daɗinta shi ne ba ta da buƙata, ba ta fushi, ba ta ce maka ka yi kuskure sai ka nema. Duk wanda ya saba da irin wannan hira, mutane za su fara yi masa nauyi, domin mutum yana da ranar ɓacin rai, yana da rashin lafiya, yana da bashi, yana son kai ma ka saurare shi. Wannan nauyin da kake gudu shi ne abotar. Ranar da zazzaɓi ya kayar da kai, mai ƙafa ne zai je kemis ya sayo maka magani.

'Yan'uwana iyaye, na san wasunku na karanta wannan suna gyaɗa kai, to mu ma akwai namu kason. A watan Maris na 2025 aka fitar da Adolescence a Birtaniya, shiri mai kashi huɗu a kan Jamie, yaro ɗan shekara 13 da aka kama da laifin kashe 'yar makarantarsu. Gidansu gidan mutunci ne, ubansa mai gyaran famfo ne da ke fita tun safe neman halali. Ɗan sandan da ke bincike ya karanta abin da yara ke rubuta wa juna a Instagram bai gane komai ba, sai da ɗansa ya fassara masa alamomin ya nuna masa cin mutunci ne ake yi wa Jamie a bainar jama'a. A kashi na ƙarshe iyayen suka zauna suna tuhumar kansu: yaro zai dawo makaranta ya haye ɗaki ya rufe ƙofa, su ga fitila a kunne har tsakar dare, su ɗauka tunda yana gida ai yana cikin aminci. Shirin ya girgiza ƙasar har Firaminista Keir Starmer ya goyi bayan a nuna shi a makarantun sakandare. Ostireliya kuma tun a ƙarshen 2024 ta yi dokar hana 'yan ƙasa da shekara 16 riƙe shafi a manyan kafafen sada zumunta.

Doka tana da amfaninta, amma ba za ta shiga ɗakin ɗanka ta tambaye shi abin da ke damunsa ba. Mu muna da tamu al'adar ta kunya da kara, uba ba ya sakewa da ɗansa, uwa ba ta kiran sunan ɗan fari. A da babu laifi sosai, domin akwai kaka da kawu da gwaggo da majalisar ƙofar gida da ke cike giɓin. Yau da yawa sun koma gidajen haya daga su sai 'ya'yansu, giɓin yana nan, waya ce ta shige ciki. Wanda ya saya wa ɗansa waya ya kuma sa masa data bai gama aikinsa ba. Mu ma mu ajiye tamu idan yaro ya zo da magana, mu dube shi a ido, kuma in ya faɗi abin da bai yi mana daɗi ba kada tsawa ta riga sauraro, don daga ranar ba zai sake kawowa ba.

Na dawo gare ku, ɗana da 'yata. A duk finafinan nan babu wanda ya samu sauƙi ta hanyar ƙarin mabiya. Wanda ya tsira, wani na kusa da shi ne ya san gaskiyar halinsa, kuma sai da ɗayansu ya cije ya fara magana. Saboda haka ka zaɓi mutum ɗaya ko biyu masu hankali da tsoron Allah, a cikin gidanku ko abokan da kuka tashi tare, ka bar su su san ka a yadda kake, da karayarka da bashinka da faɗuwarka a jarrabawa. Kai ma ka zame musu haka. Zumunta a ƙafa take. In aka yi wa abokinka rasuwa, addu'ar da ka rubuta a guruf ba ta sauke maka zuwa gaisuwa ba, in yana asibiti ka je dubiya ko da lemo biyu ne a leda. Addininmu ya lissafa duba marar lafiya da raka gawa da amsa gayyata a cikin haƙƙoƙin Musulmi a kan ɗan'uwansa, kuma dukkansu sai an tashi an taka. In an idar da sallar jam'i kada ka yi wuf ka zaro waya tun kana bakin masallaci, ka tsaya ka gaisa da maƙwabcinka. In an zuba abinci a tire ɗaya, wayar ta zauna a ɗaki. Da daddare ka sa ta caji nesa da shimfiɗarka, ka kashe ƙarar sanarwar da ba ta mutum ba ce, domin yawancin abin da ke ruguza zuciyar matashi tsakanin sha biyun dare da asuba yake shiga.

Idan kuma abin ya yi nauyi, barci ya ƙaurace, abinci ya fita ranka, har ka fara jin rayuwar ba ta da amfani, wannan ciwo ne kamar kowane ciwo kuma yana da magani. Kada ka rubuta shi a dunƙule a sitatus kana jiran wani ya gane. Ka faɗa wa babba a gidanku yau, ku je asibiti ku ga likita. In kuwa kai lafiyarka ƙalau, to ka duba cikin ƙannenka da abokanka wanda ya yi shiru kwanan nan, wanda ya daina fitowa majalisa amma kullum ana ganinsa a kan layi. Ka je har inda yake ka zauna, ka tambaye shi lafiya, in ya ce lafiya lau ka sake tambaya. Allah Ya yi muku albarka, Ya haɗa ku da abokan arziki.